Kadhalikka Neramillai: Fim ɗin soyayya da barkwanci na Tamil da waƙoƙinsa suka hana shi tsufa

A ranar 27 ga Fabrairun 1964 gidajen sinima na birnin Madras, wanda yanzu ake kira Chennai a kudancin Indiya, suka fara haska wani fim mai suna Kadhalikka Neramillai. Ma'anar sunan a harshen Tamil ita ce "babu lokacin soyayya". Babu ɗaya daga cikin manyan taurarin wancan zamani a cikinsa, biyu daga cikin jarumansa ma ba su taɓa jan ragamar fim ba, kuma labarinsa na ban dariya ne tun daga farko har ƙarshe. Duk da haka ya shafe fiye da kwanaki 175 ana nuna shi, aka sake yin sa a harsuna huɗu na Indiya, kuma bayan shekaru 60 ana ci gaba da sanya waƙoƙinsa a rediyo da talabijin.

Da yawa daga cikin fina-finan da suka yi tashe a shekarar da ya fito an manta da su. Abin da ya raya wannan shi ne yadda aka saƙa dariya da kiɗa wuri guda, har ya zama kowace waƙa tana da aikin da take yi wa labarin, kuma idan aka cire ta sai an ga giɓi.

Masana'antar da ta haife shi

Masu kallo a ƙasar Hausa sun daɗe da sanin fina-finan Indiya, amma mafi yawan waɗanda aka riƙa nunawa a sinimomin Kano da Kaduna da Jos na harshen Hindi ne, daga birnin Bombay. A kudancin Indiya akwai wasu masana'antun masu zaman kansu, kowace da harshenta da taurarinta da mawaƙanta. Ɗaya daga cikin mafiya daɗewa ita ce ta Tamil, harshen da fiye da mutum miliyan 70 ke magana da shi, wanda kuma yake cikin harsunan hukuma a Siri Lanka da Singafo. Cibiyarta ita ce unguwar Kodambakkam a Chennai, inda aka samo laƙabin Kollywood. A 'yan shekarun nan ne fina-finan kudancin suka yawaita a hannun Hausawa ta hanyar fassara, sai dai akasarinsu sababbi ne na faɗa.

Fim mai magana na farko a harshen Tamil shi ne Kalidas, wanda ya fito a 1931. A shekarun farko tatsuniyoyin addini da tarihin sarakuna ne suka mamaye harkar, kuma jarumi shi ne mawaƙi. M. K. Thyagaraja Bhagavathar, wanda fim ɗinsa Haridas na 1944 ya haura shekaru biyu a sinima guda a Madras, muryarsa ce ta ɗaukaka shi kafin fuskarsa. Daga 1952, lokacin da Parasakthi ya fito da Sivaji Ganesan, sai yayi ya koma ga dogayen jawabai masu zafi kan talauci da rashin adalci. Wanda ya rubuta maganganun wannan fim, M. Karunanidhi, daga baya ya zama babban ministan jihar.

Zuwa farkon shekarun 1960 mutane biyu ne ke riƙe da kasuwa: Sivaji Ganesan, gwanin fina-finan kuka da tausayi, da M. G. Ramachandran, wanda aka sani da MGR, jarumin da ke ceton talaka daga azzalumi. Barkwanci yana nan, amma a gefe yake. Akan ware wa ɗan wasan ban dariya 'yan fitowa kaɗan domin mai kallo ya share hawaye ya huta, sannan a koma ga babban labari.

Kasadar da Sridhar ya yi

C. V. Sridhar, wanda aka haifa a 1933, ya fara ba da umarni ne da Kalyana Parisu a 1959, labarin 'yan'uwa mata biyu da suka kamu da son mutum ɗaya. A 1962 ya yi Nenjil Or Aalayam, wanda kusan dukkansa a cikin asibiti yake, inda likita ke jinyar mijin matar da ya taɓa so. Shi ne ya sake yi da Hindi da sunan Dil Ek Mandir a 1963. Ko da yake ya taɓa gwada labari mai sauƙi a Then Nilavu na 1961, wanda aka ɗauka a Kashmir, sunan da ya yi na mai sa mutane kuka ne.

Wanda ya ja shi zuwa ga cikakken barkwanci shi ne abokinsa tun na makaranta a garin Chengalpattu, marubucin da aka fi sani da Chitralaya Gopu, wanda ya samo wannan laƙabi daga kamfanin Sridhar mai suna Chitralaya. Gopu ne ya saba rubuta ɓangarorin ban dariya na fina-finan abokin nasa. A bakin teku na Marina da ke Madras, inda suka saba zama da yamma, suka tsara labarin tare.

Shawarar da suka yanke ta ƙunshi kasada iri uku. Ta farko, fim ne na dariya zalla, babu mutuwa, babu mugu mai makami. Ta biyu, za a yi shi mai launi, da fasahar Eastmancolor, a lokacin da launi ke da tsada ƙwarai. Fim ɗin Tamil na farko mai launi gaba ɗayansa, Alibabavum 40 Thirudargalum, wato labarin Ali Baba da ɓarayi arba'in, ya fito ne a 1956, kuma tun daga nan akan tanadi launi ne domin manyan fina-finan tarihi ko na manyan taurari. Kadhalikka Neramillai ne ake lissafawa a matsayin cikakken fim ɗin barkwanci na farko mai launi a harshen Tamil. Kasada ta uku ita ce sababbin fuskoki. Ravichandran matashi ne da ya taso a Malesiya ya zo Indiya neman karatu, Kanchana kuwa ma'aikaciyar cikin jirgin sama ce kafin Sridhar ya ɗauke ta. Da fim ɗin ya faɗi, kamfanin Chitralaya ne zai ɗauki asarar shi kaɗai, domin babu wani babban suna da zai jawo jama'a a makon farko.

Sai dai Sridhar bai bar sababbin su kaɗai ba. Ya kewaye su da ƙwararru: T. S. Balaiah, wanda yake fim tun 1936, da R. Muthuraman da Nagesh, waɗanda dukkansu suka yi aiki da shi a Nenjil Or Aalayam, da Rajasree da Sachu da V. S. Raghavan.

Yadda labarin yake

Viswanathan, wanda Balaiah ya fito a matsayinsa, attajiri ne mai katafaren gandu, mutum mai girman kai da son abin duniya. Yana da 'ya'ya mata biyu, Kanchana da Nirmala, waɗanda suka gama karatu a Madras suka dawo gida, kuma burinsa shi ne ya aurar da su ga masu dukiya. Yana kuma da ɗa namiji, Chellappa, wanda ba ya da aiki sai mafarkin zama darakta a ƙarƙashin kamfaninsa na baka, Oho Productions, yana ta bin mahaifinsa ya ba shi jari.

Ashok, ɗan wani malamin makaranta talaka, mataimakin manaja ne a gandun. Wata rana ya yi cacar baki da 'yan matan a kan hanya ba tare da ya san ko su wane ne ba. Suka kai ƙara, uban ya kore shi. Maimakon ya tattara kayansa, sai Ashok ya kafa tanti a gaban gidan attajirin ya fara zanga-zangar neman a mayar da shi bakin aiki. A cikin wannan ja-in-ja ne Nirmala ta ji masa rauni da bokiti, ta je ba shi haƙuri, soyayya ta shiga tsakani.

Ashok ya san Viswanathan ba zai taɓa bai wa ɗan malamin makaranta 'yarsa ba. Sai ya kira abokinsa Vasu daga Madras, ɗan gidan masu hali, ya roƙe shi ya yi shigar tsoho, da gemu da furfura, ya zo a matsayin mahaifinsa hamshaƙin mai kuɗi wanda suka ɓata da shi. Vasu ya yarda. Abin da bai sani ba shi ne, gidan da zai je yin wannan ɓad-da-kama gidan su budurwarsa ne, Kanchana, wadda suke soyayya tun suna kwaleji. Daga nan ƙarya ta fara haihuwar ƙarya. Attajirin da jiya ya kori Ashok kamar kare, yau yana rawar jiki a gabansa. Al'amari ya ƙara dagulewa lokacin da mahaifin Vasu na gaskiya, wanda tsohon abokin Viswanathan ne, ya iso yankin, aka fara maganar haɗa Vasu da Kanchana aure alhali Vasu yana cikin gidan da gemun aro. A ƙarshe asiri ya tonu, mahaifin Ashok na ainihi ya bayyana, aka yi faɗa aka shirya, kowa ya auri wadda yake so, har da Chellappa da yarinyar da ya ɗauko domin ta zama jarumar fim ɗin da bai taɓa kammalawa ba.

Wanda ake yi wa dariya

A ƙarƙashin wannan wasa akwai magana mai nauyi wadda kowace al'umma da iyaye ke da ta cewa a auren 'ya'yansu za ta gane: da me ake auna mai neman aure? Ashok bai sauya ba daga farkon fim zuwa ƙarshensa. Halinsa ɗaya, iliminsa ɗaya. Abin da ya sauya shi ne labarin da Viswanathan ya ji game da aljihun mahaifinsa, kuma wannan kaɗai ya isa ya mayar da korarren ma'aikaci surukin da ake lallaɓawa. Fina-finan Tamil na shekarun 1950 sun sha faɗin wannan magana da jawabi da hawaye. Sridhar da Gopu sun bar mai kallo ya gan ta da idonsa a fuskar Balaiah, yadda murya mai tsawa ke komawa ta fadanci da zarar an ambaci dukiya.

Shi ya sa nauyin fim ɗin ya fi karkata ga Balaiah da Nagesh fiye da masoyan. Fitowar da aka fi tunawa da ita a cikinsa ba ta soyayya ba ce. Chellappa ne ke ba mahaifinsa labarin fim ɗin ban tsoro da yake son yi, domin ya shawo kansa ya zuba kuɗi. Babu fatalwa, babu kiɗa, babu wata dabarar kyamara. Nagesh da bakinsa yake yin ƙarar ƙofa da kukan iska da takun sawu a cikin dare, shi kuwa Balaiah, wanda ya zauna da niyyar raina labarin, sai ga shi yana ƙanƙancewa a kujera, ido a waje, har ya kai ga firgita. Ɗa ya mallaki uba da murya kawai. Ana yawan sanya wannan fitowa cikin mafiya kyau a tarihin barkwancin Tamil, kuma har yau 'yan wasa na kwaikwayonta.

Shekarar 1964 ta zama ta Nagesh, domin a cikinta ne kuma ya ja ragamar Server Sundaram. Saboda siririn jikinsa da yadda yake sarrafa gaɓoɓinsa, an riƙa kwatanta shi da ɗan wasan Amurka Jerry Lewis. Ta bakin Chellappa, fim ɗin ya kuma yi wa masana'antar da ta haife shi shaguɓe: furodusa marar ko sisi, labari marar kan gado, da jarumar da aka zaɓa ba don ta iya ba.

Sarakunan kiɗa mai sauƙi

Mutane biyu ne suka tsara kiɗan fim ɗin, M. S. Viswanathan da T. K. Ramamoorthy, waɗanda ake rubuta sunayensu a haɗe kamar na mutum ɗaya. Viswanathan, haifaffen Kerala a 1928, gwanin harmoniya ne mai saurin ƙirƙirar karin waƙa. Ramamoorthy, wanda ya girme shi, ya fito daga gidan makaɗa kuma ƙwararre ne a gogen Turawa. Sun fara aiki tare a 1952 da fim ɗin Panam, suka yi kiɗan fina-finai fiye da 100, har aka yi musu laƙabi da Mellisai Mannargal, wato sarakunan kiɗa mai sauƙi.

Wannan laƙabi yana da tarihi. Kudancin Indiya na da tsohon kiɗan gargajiya mai suna Karnatik, wanda aka gina a kan raga, wato tsararren jerin muryoyi mai ƙa'idar hawa da sauka, kuma mutum kan shafe shekaru yana koyonsa a gaban malami. Waƙoƙin fina-finan Tamil na farko sun jingina da shi sosai, ta yadda sai wanda ya horu ne zai iya rera su daidai. Viswanathan da Ramamoorthy sun riƙe ƙashin bayan ragar, suka rage mata ado, suka gajarta layuka, sannan suka shigo da kayan kiɗan waje kamar jita da fiyano da akodiyon da ƙahonin Turawa da gangunan bongo, suka jera su kusa da tabla da sarewa. Sakamakon shi ne waƙar da direban tasi da ɗalibar kwaleji za su iya bi bayan ji biyu.

Wanda ya rubuta baitocin shi ne Kannadasan, wanda Tamilawa ke kira Kaviarasu, sarkin mawaƙa. An haife shi a 1927, ya rubuta dubban waƙoƙin fim, ya samu lambar yabo ta Sahitya Akademi, babbar cibiyar adabin Indiya, a 1980, kuma ya rasu a Chicago a 1981. An fi saninsa da waƙoƙin hikima da na baƙin ciki. A wannan fim ya nuna cewa alƙalaminsa ya iya tsokana da wasa da kalmomi ba tare da harshen ya zube ba.

Yadda waƙoƙin ke ɗauke da labari

Waƙoƙi takwas ne a fim ɗin, kuma idan aka bi su ɗaya bayan ɗaya kusan za a iya fahimtar labarin ko ba a ji magana ba.

Enna Paarvai, wadda aka ɗauka a bakin tekun Marina, ita ce ke gabatar da Vasu da Kanchana. Babu buƙatar a ɓata lokaci wajen nuna yadda suka haɗu. Waƙa guda ta sanar da mai kallo cewa waɗannan masoya ne, 'yan birni ne, masu ilimi ne, kuma wannan sani shi ne zai sa dariya ta yi ƙarfi daga baya idan Vasu ya bayyana a gidansu da gemu.

Maadi Mele ita ce waƙar zanga-zanga. Ashok da magoya bayansa suna gaban gidan, suna kiran sunan Viswanathan suna neman aiki, 'yan matan suna sama suna kallo. An gina ta a kan amon taken masu zanga-zanga, inda jagora ke faɗa jama'a na amsawa, sai aka ɗora mata kiɗa mai sauri irin na rawar matasan wancan lokaci. Rikicin ma'aikaci da mai gida, wanda a wani fim ɗin zai zama dalilin zubar da jini, a nan ya zama rawa. Masu sauraro sun kuma lura da wani abin dariya na cikin gida: sunan attajirin da ake yi wa ihu shi ne sunan mutumin da ya tsara kiɗan.

Anubhavam Pudhumai ta zo ne bayan zuciyar Nirmala ta karkata. Tafiyarta a hankali take, da raɗa da jan numfashi, kuma an daɗe ana nuna kamanninta da Bésame Mucho, shahararriyar waƙar nan ta ƙasar Meziko. Aron ya nuna irin abin da kunnuwan makaɗan Madras ke sauraro a lokacin, ya kuma nuna yadda suke narkar da abin da suka aro har ya zauna daidai a bakin mai magana da Tamil.

Waƙar da ke ɗauke da sunan fim ɗin ita ce ta fi nuna wayon masu kiɗan. Vasu ne ke rera ta cikin shigar tsoho. Maimakon a ba shi muryar da ya yi amfani da ita a bakin teku, sai aka ɗauko Sirkazhi Govindarajan, mawaƙin da ya horu a kiɗan Karnatik, wanda jama'a suka san muryarsa mai ƙarfi da waƙoƙin ibada da na nasiha. Jin wannan murya ta dattako tana kukan soyayya daga bakin saurayin da ya manna gemu, shi kansa abin dariya ne. Wato har muryar ma an sa mata kayan ɓad-da-kama.

Chellappa ma ya samu tasa. Malarendra Mugamondru, wadda L. R. Eswari ta rera tare da M. S. Raju, waƙa ce ta gwajin fim ɗinsa, cike da tsalle da karairaya murya irin ta Turawa. Da ita aka yi wa yayin kwaikwayon Yamma dariya, alhali ita kanta tana cin moriyar wannan yayi.

Murya daban, fuska daban

Babu ɗaya daga cikin jaruman da ya rera waƙa da bakinsa. Tun daga ƙarshen shekarun 1940 tsarin da ya kafu a Indiya shi ne a naɗi waƙa a sutudiyo da muryar ƙwararren mawaƙi tare da dukan makaɗa a zama ɗaya, sannan a kunna ta a wurin ɗaukar fim jarumi ya riƙa motsa baki. Masu kallon fina-finan Hausa sun san wannan tsari sarai. Amfaninsa shi ne mai tsara kiɗa yana da damar zaɓar muryar da ta dace da hali, kamar yadda darakta ke zaɓar fuska.

A nan an bai wa Ashok muryar P. B. Sreenivas, mai laushi da sanyi, wadda ta rage wa tsaurin idonsa kaifi ta sa mai kallo ya so shi. Vasu na ainihi ya samu muryar K. J. Yesudas, matashi ɗan Kerala da aka haifa a 1940, wanda a lokacin yake fara shiga waƙoƙin Tamil, kafin ya zama ɗaya daga cikin manyan mawaƙan Indiya baki ɗaya. Muryar mata mafi yawa ta P. Susheela ce, wadda a 2016 kundin bajinta na Guinness ya amince da ita saboda yawan waƙoƙin da ta naɗa a harsunan Indiya.

Waƙoƙin sun riga fim ɗin isa gidaje da dama, sun kuma daɗe bayan an sauke shi daga sinima. Faifan garmaho da rediyo ne suka yi wannan aiki. A 1952 ministan yaɗa labaran Indiya B. V. Keskar ya taƙaita sanya waƙoƙin fim a gidan rediyon gwamnati, All India Radio, bisa ganin cewa suna gurɓata ɗanɗanon jama'a. Masu sauraro sai suka karkata zuwa Rediyon Ceylon da ke tsibirin da yanzu ake kira Siri Lanka, wanda ke da sashen Tamil mai farin jini. Gwamnati ta sassauta a 1957 da ta buɗe tashar Vividh Bharati. Zuwa 1964 waƙar fim ta riga ta zama abincin kunnen yau da kullum daga Madras har zuwa Colombo da Kuala Lumpur.

Launi da wuri

Mai ɗaukar hoto A. Vincent, wanda ya daɗe yana aiki da Sridhar, ya fitar da kyamara daga cikin sutudiyo. Gidan Viswanathan a fim ɗin masaukin baƙi ne da ke kusa da madatsar ruwa ta Aliyar, a yankin Pollachi na gundumar Coimbatore, a gindin tsaunukan Anaimalai. Madatsar sabuwa ce a lokacin. Koren tsauni da shuɗin ruwa da motoci da tufafin zamani sun ba mai kallo hoton wata Indiya ta matasa masu walwala, wadda ta bambanta da ɗakunan duhu na fina-finan kuka. Launin ya yi aiki tare da kiɗan: dukkansu suna cewa wannan duniya ce da ba za a mutu a cikinta ba, don haka mai kallo ya saki jiki ya yi dariya.

Tafiyarsa zuwa wasu harsuna

A al'adar sinimar Indiya, fim ɗin da ya kai makonni 25 ana nuna shi ya yi bikin azurfa, kuma Kadhalikka Neramillai ya kai. Nasarar ta sa aka sake yin sa da harshen Telugu a 1965 da sunan Preminchi Choodu, tare da Akkineni Nageswara Rao. A 1966 Sridhar da kansa ya yi na Hindi, Pyar Kiye Jaa, da Shashi Kapoor da Kishore Kumar, inda Mehmood ya ɗauki matsayin Nagesh, Om Prakash ya ɗauki na Balaiah, Laxmikant da Pyarelal suka yi sabon kiɗa. Mehmood ya samu kyautar Filmfare ta gwarzon ɗan barkwanci da wannan rawa, kuma fitowar labarin ban tsoro ta sake yin tashe a arewacin Indiya. Rajasree ta fito a matsayi ɗaya a dukkan harsunan uku. Daga baya aka yi na Kannada, Preethi Madu Thamashe Nodu, a 1979, da na Marathi, Dhoom Dhadaka, a 1985.

Ravichandran da Kanchana sun zama taurari. Sridhar ya ci gaba da amincewa da sababbin fuskoki, kuma a fim ɗinsa Vennira Aadai na 1965 ne Jayalalithaa, wadda daga baya ta mulki jihar Tamil Nadu, ta fara jan ragamar fim ɗin Tamil. Amma haɗin gwiwar Viswanathan da Ramamoorthy bai daɗe ba bayan wannan. A 1965 suka rabu, kowa ya kama gabansa, sai a 1995 suka sake haɗuwa a fim guda. Wannan ya sa ake kallon waƙoƙin Kadhalikka Neramillai a matsayin ɗaya daga cikin ayyukan ƙarshe na lokacin da suke kan ganiyarsu.

Abin da mai kallo na yau zai gani

Fim ɗin ɗan zamaninsa ne, kuma akwai wuraren da shekaru suka nuna. Tsokanar 'yan mata a kan hanya, wadda a 1964 aka ɗauka a matsayin ƙofar soyayya, ba kowa zai yi mata dariya yanzu ba. Haka kuma akwai abin tambaya a yadda labarin ya warware: talaka bai samu shiga gidan attajiri da gaskiyarsa ba, sai da ya ari uba mai kuɗi. Ana iya cewa fim ɗin ya yi wa son dukiya dariya ba tare da ya rushe shi ba. Ana kuma iya cewa wannan ita ce gaskiyar da ya faɗa, cewa a gidan irin su Viswanathan ƙarya mai tsada ta fi gaskiya mai araha samun wurin zama.

Tsarin da ya kafa, na abokai biyu da ɓad-da-kama da uba mai taurin kai da ƙaryar da ke ƙara girma, ya zama hanyar da masu barkwancin Tamil suka yi ta bi shekaru da dama. Sridhar ya rasu a 2008, Nagesh a 2009, Ramamoorthy da Sreenivas a 2013, Viswanathan a 2015. Sunan fim ɗin bai bi su ba. A watan Janairun 2025 wani sabon fim ɗin soyayya na Tamil ya fito da wannan suna, wanda Kiruthiga Udhayanidhi ta ba da umarni, A. R. Rahman ya yi kiɗa, Nithya Menen da Ravi Mohan suka ja ragama. Labarinsa daban ne gaba ɗaya, amma masu shi sun san cewa kalmomin nan biyu kaɗai sun isa su sa jikokin waɗanda suka yi layin tikiti a 1964 su waiwayo.